Yadda za ka saita fim ɗin faɗa ba tare da ka yanke hoton ba

Abin da ke ci min rai a wurin kallo, ko Samaru ko Sabon Gari, ana saka fim ɗin faɗa sai wani ya ce "malam cire mana baƙin nan na sama da ƙasa", mai rimot ya danna Zoom, shikenan an ɓata fim.

Da farko ka gane baƙin nan ba matsala ba ce. Fasalin allon plasma ɗinka, faɗi da tsawo, 16:9 ne, wato 1.78:1, su kuma yawancin fina-finan faɗa na Amurka da Indiya a 2.39:1 suke fitowa, shimfiɗaɗɗu, salon da fasahar silima ta CinemaScope ta yaɗa tun 1953. In ka tilasta hoton ya cika allo kusan kwata na faɗinsa ya tafi, kuma a gefen nan ne yaran bos ke lallaɓowa, sai kawai ka ga jarumi ya kai ƙafa an faɗi baka ga wanda ya ci dukan ba, ina daɗin?

To ɗauki rimot ka shiga Picture Size ko Aspect Ratio, ka zaɓi Original, a LG akwai Just Scan. Sannan ka gwada da tayar mota a cikin fim ɗin, in ta koma kamar ƙwai an ja hoton, sake saiti.

A waya, MX Player ka bar shi a Fit to screen, banda Stretch banda Crop. A laptop kuwa VLC, harafin A na canza fasalin, C na yankewa, danna har ya dawo Default.

Wani lokaci kana cikin kallo hoton zai buɗe ya cika allo da kansa sannan baƙin ya dawo, kar ka taɓa komai. The Dark Knight na 2008 haka yake a faifan Blu-ray, wasu wuraren da kyamarar IMAX aka ɗauka, mai hoton da ya fi tsawo, da gangan aka yi don ka ji tsawon benaye. Akwai kuma kwafin open matte, shi ƙarin sama da ƙasa yake nunawa, yana da kyau a plasma amma ni nafi son na silima, faɗan ya fi matsewa.

In za a tura maka fim a PZ ko Tudun Wada a Zariya, ka ce a buɗe maka ka gani kafin ka biya, don in tun a fayil ɗin aka yanke gefen babu saitin da zai dawo da shi.