Kafin ka rubuta "ya kafa tarihi", duba iska tukuna

Shekaru kusan goma ina rubuta labarin wasannin guje-guje da tsalle-tsalle a intanet, kuma duk lokacin da aka fara wata babbar gasa sai na ga sababbin masu shafuka sun faɗa ramin da na taɓa faɗawa. Na gaji da tura gyara ta bayan fage, shi ya sa zan faɗi a fili.

A watan Yulin 2022, a gasar duniya da aka yi a Eugene ta jihar Oregon a Amurka, 'yar Najeriya Tobi Amusan ta yi tseren mita 100 mai tsallake shinge cikin daƙiƙa 12.12 a zagayen kusa da na ƙarshe, ta goge tarihin Kendra Harrison na 12.20. Ba a jima ba ta fito zagayen ƙarshe, allo ya nuna 12.06. A Najeriya dare ya raba, barci na fizgata, murna ta cika ni, na buga da manyan baƙaƙe cewa ta karya tarihin duniya sau biyu a rana ɗaya. Na kwanta. Da asuba na tarar an yi mini ca, har wani malamin motsa jiki da nake ganin girmansa ya tambaye ni ko na taɓa jin labarin na'urar auna iska. Iskar da ke bayanta a tseren ƙarshen ta kai mita 2.5 a daƙiƙa, alhali ƙa'ida ba ta yarda ta wuce 2.0 ba. Zinaren nata ne halak malak, amma tarihin da aka rubuta mata 12.12 ne. Mutumin da ke ba shafina talla a lokacin bai sake neman na ba.

Tun daga ranar ba na rubuta lokacin mita 100, ko 200, ko na tsallake shinge gajere, ko nisan dogon tsalle, sai na ga 'yar lambar ƙarfin iska da ke gefen sakamakon mai alamar tarawa ko ɗebewa. Idan ban gan ta ba, ina rubuta wanda ya zo na ɗaya in yi shiru da maganar tarihi. Wasu abokan aiki na cewa ina bari ana riga ni fitar da labari. To, a riga ni.

Na biyu shi ne agogon hannu. Za a yi gasar makarantu, wani ya danna agogo da babban yatsa, a ce yaro ya yi 9.9 a mita 100, gobe ka ga shafuka goma sun rubuta an samu magajin Usain Bolt. Haba jama'a! 9.58 da Bolt ya yi a Berlin a 2009 na'ura ce ta auna, wadda ke fara ƙidaya daga tashin bindiga. Mai dannawa da hannu yana makara, shi ya sa masana ke ƙara kusan 0.24 a kan lokacin hannu na gajeren tsere. Kun kumbura wa yaro kai, ya je inda ake da na'ura ya ga 10.6, ya dawo yana cewa an yi masa maguɗi. Ku rubuta "an auna da hannu", kalmomi huɗu ne kacal.

Sai gudun famfalaƙi. Ba kowane tseren kan titi ne marathon ba. Marathon kilomita 42.195 ne, rabinsa kilomita 21 da 'yan kai. Na Legas da aka fara a 2016 cikakke ne; na Okpekpe a jihar Edo kilomita 10 ne, a kira shi da nisansa. Haka kuma 1:59:40 da Eliud Kipchoge ya yi a Vienna a 2019 ba a taɓa ɗaukarsa tarihin duniya ba, domin an shirya masa gudun ne shi kaɗai, da masu ja masa gaba da ke karɓeɓeniya. Amma 2:00:35 da marigayi Kelvin Kiptum ya yi a Chicago a 2023 an amince da shi a matsayin tarihin duniya.

Sauran ƙanana ne, amma suna tona asirin mai rubutu. 12.12 daƙiƙoƙi ne, ba minti goma sha biyu ba. Hukumar wasannin guje-guje da tsalle-tsalle ta duniya ta bar sunan IAAF tun 2019, World Athletics take yanzu. 9.85 na Olusoji Fasuba a mita 100 ya daina zama tarihin Afirka a 2021, lokacin da Akani Simbine ya yi 9.84, sannan Ferdinand Omanyala na Kenya ya yi 9.77. Zinaren Chioma Ajunwa a gasar Olympics ta Atlanta a 1996 na dogon tsalle ne, ba na gudu ba.

Kuma idan za ku tuna da tseren miƙa sanda na mita 400 sau huɗu a gasar Olympics ta Sydney a 2000, kada ku kwafi tsohon jadawali. Najeriya ta zo ta biyu a fili, amma bayan Antonio Pettigrew na Amurka ya amsa cewa ya yi amfani da haramtattun ƙwayoyi, aka mayar mata da zinaren a 2012. Sunday Bada, wanda ya yi gudun tare da su, ya rasu a ƙarshen 2011, bai ga lambar ba.