Yadda 'Yar Wasan Fim Za Ta Gina Sana'arta a Matsayin Mai Tallafa wa Labari

Ba kowace 'yar wasa ake gina labari a kanta ba. Akwai wadda aikinta shi ne fitowa a matsayin uwa, ko suruka, ko ma'aikaciyar jinya, ko maƙwabciya mai tsegumi, kuma sau da yawa ita ce ke daɗewa a sana'ar, domin ba don ƙuruciya aka ɗauke ta ba. Idan wannan hanya kika zaɓa, ki fara cire wa ranki cewa yawan fitowa shi ne ma'aunin daraja. 'Yar wasan Amurka Beatrice Straight ta ci kyautar Oscar, babbar lambar yabo ta fina-finai, a 1977 da fitowar da ba ta kai minti shida ba, 'yar wasan Birtaniya Judi Dench kuma ta ci tata a 1999 da kimanin minti takwas.

Ki karanta labarin daga farko har ƙarshe, ba wuraren da za ki yi magana kaɗai ba, don ki gane abin da ya sa marubuci ya sako matar da za ki fito a matsayinta. Daga nan ki tambayi kanki abin da take so da abin da take ɓoyewa, sannan ki ba ta ɗabi'a ɗaya ko biyu da za a san ta da su: yadda take ajiye kofi a hankali idan ranta ya ɓaci, ko yadda take jinkirta amsa har mai tambaya ya tsargu. Kada ki cika su da yawa. A ganina, babbar gwanintar wannan aiki ita ce sauraro, domin kyamara takan tsaya a fuskarki yayin da wani ke magana, kuma nan ne mai kallo ke gane ko kina cikin labarin ko jiran layinki kawai kike yi.

Tun da ba a ɗaukar fim bisa jerin labari, ki riƙa rubuta tufafin da kika sa da hannun da kika riƙe kaya a kowace fitowa, musamman a shiri mai dogon zango.

Idan kika ƙware a matsayi ɗaya, daraktoci za su yi ta kiranki a kansa. Ki karɓa, amma ki nemi wanda ya saɓa masa lokaci zuwa lokaci, ko da ƙarami ne. Kafin ki shiga kowane aiki, ki tabbatar an rubuta yarjejeniya mai ɗauke da kwanakin ɗauka, da kuɗin aiki, da lokacin biyansa.