Yadda za ka gina makarantar sihirin lokaci a labarinka ba tare da labarin ya ruguje maka ba

Kafin ka zana ko da ƙofar makarantar, zauna ka yanke wa sihirin nan farashi tukuna. Duk wanda ya taso da karatun littattafan yaƙi ya saba da boka ya doki ƙasa ya ɓace ko ya kira aljani ya ɗauke shi, wannan duk mai sauƙi ne, amma lokaci daban yake, ranar da ka ba jaruminka ikon komawa jiya a kyauta to ka kashe labarinka da hannunka, don duk wanda ya mutu za a koma a ɗauko shi, duk yaƙin da aka ci su za a sake bugawa, gaban mai karatu kuma ba zai ƙara faɗuwa ba. Ni ya taɓa faruwa da ni, na kai babi na 14 a wani labari da nake matuƙar so sai ƙanwata da take karanta mun ta ɗago ta ce, "Yaya, to me ya hana shi ya koma baya ya hana a kashe babansa tun farko?" Wallahi ban da amsa, haka na ajiye labarin nan ina jin zafinsa.

Tun daga nan na kafa wa kaina doka, lokaci bashi ne, kuma da kwanakinka za ka biya. A makarantar da na ƙirƙira daga baya darasin farko ɗigon ruwa ne kawai. Malami zai tsoma yatsa a ƙwarya ya ɗago, ɗigo ya taru a bakin yatsan ya saki, aikin ɗaliba ta riƙe ɗigon nan a iska tsakanin yatsa da ƙwarya har numfashi uku. In ta iya sai ka ji ɗis, ya faɗa, malamin ya miƙa hannu ya taɓa gefen kanta ya nuna mata silin furfura ɗaya da babu shi ɗazu, yarinya 'yar shekara 12 fa. Kaga ba sai ka ɗinka musu rigunan aji ba, furfura ce ke nuna matsayi, mai shekara 25 da ya sauke karatu sai ka ɗauka kakan wani ne.

Sai kayan aiki. Don Allah kar ka ɗauko sandar tsafin turawa ka damƙa musu, leƙa ɗakin tsohuwa ka ga mazari. A nawa labarin lokaci zare ne, ɗalibi yana koyon kaɗi kamar yadda ake kaɗa auduga, in ya sassauta mazari lokaci ya yi nauyi a ɗakin, in ya murza da ƙarfi ya yi gudu. Komawa baya kuwa sai an tsinka zaren an ƙulla, kuma duk wanda ya taɓa ƙulla zare ya san ƙullin ba ya ɓata, yatsa zai ji shi. To ƙullin nan shi ne abin da za a rasa, wataƙila jarumin ya ceci ƙaninsa amma uwarsu ta wayi gari ba ta san shi ba, tana tambayarsa ɗan gidan waye. Nan ne kukan labarin yake, nan za ka daɗe.

Wajen raba azuzuwa ma Hausa ta riga ta gama maka aikin. Muna da sassafe, hantsi, walaha, rana tsaka, almuru, har talatainin dare, ga azuzuwa shida nan kowanne da irin haskensa da irin karatunsa, 'yan sassafe su ne masu ɗigon ruwa, 'yan talatainin dare kuwa ba a ma san fuskokinsu ba. Da gangan na bar azahar da la'asar da sauran sunayen lokutan sallar farilla, ban ga dacewar a haɗa su da sihiri ba ko da a ƙage ne. Sannan ka lura da wani abu, in za mu yi gaba muna da gobe, jibi, gata, citta, in za mu yi baya kuwa daga jiya sai shekaranjiya, harshen kansa ya fi buɗe hanyar gaba. Kimiyya ma haka ta nuna, agogunan da ke cikin taurarin ɗan'adam na GPS suna gaba da namu na ƙasa da kusan kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa ɗaya a kullum har sai an gyara lissafin, wato lokaci yana iya yi wa wani sauri ya yi wa wani jinkiri, amma komawa baya ba wanda ya taɓa yi. Saboda haka ka sa tsallakawa gaba ya zama karatun tsakiya, komawa baya ya zama abin da malamai kansu ke tsoro.

Ka hana agogo shiga makarantar. Su auna da inuwa, su ƙirga ta da tafin ƙafa, su saurari carar zakara, su duba gamzaki da asuba da kaza da 'ya'yanta. Akwai lissafin taurari da malamai da manoma ke yi, manazil 28 kowanne kwana 13, ɗaya ne mai 14, su ba ka kwana 365. Shekarar wata kuma kwana 354 ce, to ratar kwana 11 ɗin nan ni na mayar da su kwanakin da ba su da mai su, a cikinsu ake jarrabawa don bashin da aka ci a ciki ba ya hawa kan kowa sai mai shi.

Batun addini kuma kar ka yi wasa da shi, masu karatunmu ba za su ɗaga maka ƙafa ba kuma suna da gaskiya. Ka kai labarin wata duniya ta ƙage da sarakunanta da garuruwanta, kar ka ba kowa sanin gaibu, gobe ta Allah ce, babban malaminsu ma iyakarsa ya hango inuwar abin da ka iya faruwa kuma sau da yawa ya fassara ta ba daidai ba. Wanda ransa ya fita ya fita.

In ɗalibi ya tsallaka gaba, kar ka ce mana "shekaru sun shuɗe" ka wuce, nuna mana da ƙaramin abu. Ka ƙaddara mutumin da ya yi barci a Kano a 1971 ya farka a 1974, ya fito titi ya ga motoci sun koma hannun dama tun 1972, ya zaro fam da sule zai sayi ƙosai mai tuya ta bi shi da kallo don naira ta shigo tun 1973. Irin wannan za ka nema a taka duniyar, kuɗin da aka daina karɓa, kukar da aka sare, rijiyar da ta ƙafe.

Sannan ka samu littafi ka ja layi a tsakiyar shafi, gefe ɗaya kwanan watan duniyar, ɗaya gefen shekarun jikin kowane ɗalibi, duk sanda wani ya taɓa mazari ka rubuta abin da ya ci da abin da ya biya kafin ka shiga babi na gaba, in ba haka ba za ka kai babi na 30 ka tarar yarinyar da ya kamata a ce tana dogara sanda tana can tana tsallake katanga.