Yadda Ake Yin Klepon, Ƙwallon Shinkafa Mai Fashewa a Baki

A kasuwannin tsibirin Jaba na Indunusiya, klepon na cikin kayan ƙwalama da ake jerawa kan ganyen ayaba: 'yan curi kore shar, an birkiɗa su cikin gurzajjiyar kwakwa. A Malesiya ana ce masa onde-onde ko buah melaka. Daɗinsa a ciki yake, inda sukari ya narke, ana cizo sai ya tsarto.

Uwargida ki tanadi garin shinkafa mai danƙo giram 200, ganyen pandan (wani dogon koren ganye mai ƙamshi) guda 8, baƙin sukarin itacen kwakwa da ake kira gula melaka a Malesiya giram 100, kwakwa rabi, da gishiri. Garin shinkafar tuwo ba zai yi ba, don ba shi da wannan danƙon. Sukarin kuwa, in bai samu ba, mazarƙwaila za ta wadatar, ko da ƙamshin ya ɗan bambanta.

Ki fara gurza kwakwar, ki barbaɗa gishiri kaɗan, ki turara minti 10 don kada ta yi tsami da wuri. Ki markaɗa ganyen pandan da ruwa mililita 160, ki tace. Shi ne launin, shi ne ƙamshin. Ki riƙa zuba ruwan cikin garin kaɗan-kaɗan kina kwaɓawa, har ya yi laushi ya daina kama hannu.

Nan aikin yake. Ki daddatsa sukarin ƙanana sosai, domin babban gutsure ba ya narkewa. Ki gutsuri kwaɓin kamar girman goro, ki lotsa tsakiyarsa da babban yatsa, ki zuba rabin ƙaramin cokali na sukari, ki haɗe bakin, ki mulmula a tafin hannu a hankali. Ki duba da kyau: tsaga ko da siririya ce, sukarin zai tsiyaye cikin tukunya, a bar ki da curi fanko. Kada kuma ki tara su, don sukarin kan jiƙe ya huda kwaɓin. Kina mulmulawa kina jefawa cikin tafasasshen ruwa.

In sun taso sama, ki ƙara musu minti 2, ki tsamo, ki birkiɗa cikin kwakwar.

A ranar ake cinyewa, firji na sa shi tauri. Idan ya huce, ki jefa guda ɗungurungum a baki, ki rufe leɓe kafin ki ciza.