Kurakuran da Ɗalibai Suka Fi Yi Wajen Nazarin Siyasa da Ci Gaban Latin Amurka

Ɗalibin da aka ba shi aikin rubutu a kan siyasa da ci gaban Latin Amurka yakan fara tuntuɓe ne tun daga sunan yankin, domin sunan ɗaya ne amma ƙasashen sun kai ashirin, kuma kowace da irin hanyar da ta biyo. Na sha karanta takardun ɗalibai da suka buɗe da cewa mutanen yankin duka Sifaniyanci suke yi, alhali Birazil, mai mutum sama da miliyan 200, da harshen Fotugal take aiki, Haiti kuma da Faransanci da Kiriyol. Ko a ƙasashen Sifaniyancin ma, Faraguwai ta ba harshen Guarani matsayin hukuma, tsarin mulkin Bolibiya na 2009 kuma ya amince da harsunan 'yan asalin ƙasar guda 36. Wanda ya saba yi wa yankin kuɗin goro shi ne zai rubuta cewa sojoji ne suka yi ta juya kowace ƙasa, ya manta cewa Kosta Rika ta rushe rundunar sojinta tun 1948, Meziko kuwa jam'iyya ɗaya ce, wadda aka sani da PRI, ta riƙe ta daga 1929 har 2000 ba tare da wani juyin mulki ya tumɓuke ta ba. Maganin wannan shi ne a rage buri: a ɗauki ƙasa ɗaya, ko biyu idan kwatanci ake so, a bi tarihinta na shekara ɗari da natsuwa kafin a ce komai a kan yankin baki ɗaya.

Sunayen jam'iyyu ma suna ruɗa mutane. A Ajantina, Juan Perón ya ci zaɓe a 1946 da goyon bayan ƙungiyoyin ƙwadago, ya mayar da jiragen ƙasa hannun gwamnati. Carlos Menem, wanda ya hau mulki a 1989 a ƙarƙashin tutar wannan jam'iyya ta Perón, shi ne ya sayar da kamfanonin gwamnati, ya kuma ɗaure kuɗin ƙasar da dalar Amurka a 1991. Néstor Kirchner, shi ma ɗan gidan, da ya zo a 2003 sai ya juya akalar zuwa wani ɓangaren. To, wace aƙida za a ce jam'iyyar tana bi? A Birazil kuma, Fernando Henrique Cardoso ya yi suna ne da littafin da ya rubuta tare da Enzo Faletto a 1969 a kan yadda ƙasashen yankin suka dogara ga manyan ƙasashen jari-hujja, amma da ya zama shugaban ƙasa a 1995 shi ma cefanar da kamfanonin gwamnati ya yi. Wanda yake son sanin inda gwamnati ta sa gaba ya bar taken jam'iyya, ya buɗe kasafin kuɗi, ya duba wanda aka naɗa ministan kuɗi, da wanda aka ɗora wa haraji, da wanda aka sauƙaƙa wa.

Kuskuren da ya fi damuna shi ne na yadda ake ɗaukar rawar Amurka, domin fuska biyu gare shi. Wasu ɗaliban sukan rubuta tarihin yankin kamar Amurka ba ta taɓa tsoma hannu ba, wasu kuma, kuma su ne suka fi yawa a cikinmu, sukan jingina mata kowane abu har mutanen ƙasashen su koma kamar ba su da hannu a al'amuransu. A dubi Gwatamala. A 1952 gwamnatin Jacobo Árbenz ta kafa dokar karɓar filayen manyan gonaki da ba a nomawa don raba wa talakawa, tana biyan diyya gwargwadon ƙimar da mai filin ya rubuta da hannunsa a takardar haraji. Kamfanin ayaba na United Fruit ya daɗe yana rage ƙimar filayensa don ya tsere wa haraji, saboda haka da aka zo biyan diyya, ramin da ya gina shi ya rufta da shi. A 1954 hukumar leƙen asirin Amurka ta shirya kifar da Árbenz, kuma wannan tabbataccen abu ne da bai kamata a yi masa kwaskwarima ba. Sai dai mayaƙan da aka turo daga Honduras 'yan kaɗan ne, abin da ya kayar da shi shi ne hafsoshin sojinsa da suka ƙi yin yaƙi, ga manyan masu filaye da shugabannin coci da suka daɗe suna adawa da shi. Haka abin yake a Cile: Amurka ta kashe kuɗi don gurgunta gwamnatin Salvador Allende, amma duk wanda zai bayyana juyin mulkin 11 ga Satumba 1973 dole ya ambaci cewa Allende da kusan kashi 36 cikin ɗari ya ci zaɓen 1970, cewa ba shi da rinjaye a majalisa, cewa masu manyan motocin dakon kaya sun tsayar da ƙasar cik a Oktoban 1972, kuma hauhawar farashi ta haura kashi ɗari da nisa. Tambayar da ya kamata ɗalibi ya riƙe a kowane lokaci ita ce: wa ya buɗe wa baƙon ƙofa daga cikin gida, kuma me ya samu?

Akwai kuma ɗabi'ar yabon shugaba ko zaginsa a kan abin da farashin kasuwar duniya ya haddasa. Shawarar da nake bai wa kowa ita ce ya ɗauki takarda ya ja layi biyu, ɗaya na shekarun mulki, ɗaya na farashin babbar hajar da ƙasar take fitarwa, wato tagulla a Cile, waken suya a Ajantina, man fetur a Benezuwela. Lokacin da Hugo Chávez ya ci zaɓen shugaban Benezuwela a 1998, gangar mai ba ta wuce dala goma da 'yan kai ba, a 2008 ta haye dala 100, daga 2014 kuma ta rikito har ta sauka ƙasa da dala 30 a farkon 2016. Wanda ya ga wannan layin zai gane daga ina kuɗin asibitoci da tallafin abinci suka fito, ya kuma gane lokacin da suka ƙafe. Amma kada a tsaya a nan, domin sauran ƙasashe masu mai sun sha wannan faɗuwar ba tare da mutum sama da miliyan 7 sun bar gida ba. Sai an haɗa da korar ma'aikata kusan 18,000 daga kamfanin mai na ƙasar a 2003, da ƙayyade farashi, da buga kuɗi ba lissafi, kafin hoton ya cika.

Kusa da wannan akwai dogaro da matsakaicin kuɗin shiga a matsayin ma'aunin ci gaba. An daɗe ana kafa misali da Cile saboda alƙalumanta, sai ga shi a Oktoban 2019 ƙarin peso 30 kacal a kuɗin jirgin ƙarƙashin ƙasa na Santiago, babban birnin ƙasar, ya fito da dubban ɗaruruwan mutane kan titi suna kokawa da fansho da kuɗin makaranta da na asibiti. A riƙa ɗora alƙaluman rabon arziki kusa da na haɓakarsa.

Mu da muke karatu daga nan muna da namu kuskuren na musamman, wato gaggawar cewa ai duk kanwar ja ce da Afirka. Ƙasashen Sifaniyanci mafi yawansu sun sami 'yanci ne tsakanin 1810 da 1825, shekara kusan 140 kafin Najeriya da Nijar, kuma waɗanda suka karɓi mulkin jikokin Turawan da suka zauna ne, suka ci gaba da riƙe manyan gonakin da 'yan asali da bayi suke yi wa bauta. Shi ya sa batun fili yake tsakiyar siyasarsu ta hanyar da manomin da ya gaji gonar ubansa a ƙasar Katsina ko Maraɗi bai saba da ita ba. Inda kwatanci yake da ƙafa shi ne zamanin bashi: Meziko ta sanar a Agustan 1982 cewa ba za ta iya biyan bashinta ba, Najeriya ta shiga shirin tsuke bakin aljihu na SAP a 1986, a Fabrairun 1989 ƙarin kuɗin mai da na mota ya haddasa tarzomar da ta ci ɗaruruwan rayuka a Karakas, babban birnin Benezuwela, bayan wata uku kuma ɗalibai suka fito zanga-zangar ƙin SAP a biranen Najeriya. Abin takaici ne kuma yadda takardun ɗalibanmu suke tsallake baƙaƙen fata na yankin, alhali Birazil ce ta ƙarshe a nahiyar Amurka wajen haramta bauta, a 1888, kuma a jihar Bahia Hausawa bayi ne suka kitsa yunƙurin tawaye a 1807, suka sake tashi a 1814, kafin babban boren Musulmi na 1835 wanda Yarabawa suka fi yawa a cikinsa.

Saura batun harshe. Wanda ya tsaya ga abin da aka rubuta da Ingilishi, ta tagar Washinton da Landan yake leƙen yankin, alhali mutanensa sun daɗe suna nazarin kansu. A Santiago aka kafa hukumar tattalin arziki ta Majalisar Ɗinkin Duniya mai kula da yankin, CEPAL, a 1948, kuma a nan masanin tattalin arziki Raúl Prebisch ya kafa hujjar cewa ƙasar da take sayar da ɗanyen kaya tana sayen sarrafaffe za ta riƙa ganin ƙimar hajarta tana zaizayewa. Koyon karanta Sifaniyanci bai kai wuyar da ake zato ba, tunda kusan yadda aka rubuta shi haka ake furta shi, kamar bokon Hausa, amma a kula da kalmomin da suke kama da sanannu. Kalmar liberal a muhawarar tattalin arzikinsu tana nufin mai son a sakar wa kasuwa mara, saɓanin yadda Amurkawa suke amfani da ita. Kalmar alcalde kuma tushenta ɗaya da alƙali namu, dukansu daga Larabci suka fito, amma idan ɗalibi ya ci karo da ita a jaridar Bogota ko Lima, magajin gari ake nufi, wanda jama'a suka zaɓa da ƙuri'a.