Yadda Ake Lissafin Wasan Ƙarshe na Gida da Waje

Duk wanda ke zama a gidajen kallo na Katsina, daga Ƙofar Ƙaura zuwa Ƙofar Marusa, ya san irin gardamar da ke tashi a daren da ƙungiya ta ci wasa amma aka miƙa kofi ga wadda ta sha kashi. Matsalar ba ta alƙalin wasa ba ce, ta lissafi ce, domin wasan ƙarshe na gasar Zakarun Afirka karawa biyu ne, kowace ƙungiya ta karɓi baƙuncin ɗaya.

Kafin a take wasa na biyu, ka rubuta sakamakon na farko. Ina shawartar masu gidajen kallo su rubuta shi da alli a allon da ke ƙofar shiga, kusa da kuɗin kallo, tare da sunan ƙungiyar da ta yi wasan a gida. Daga nan duk ƙwallon da ta shiga raga, sai ka haɗa ta da na wancan wasa. A 2003 Enyimba ta doke Ismaily ta Masar da ci 2-0 a Aba, sannan aka ci ta 1-0 a Isma'iliyya, jimilla ta zama 2-1, ta kuma zama ƙungiyar Nijeriya ta farko da ta ɗauki wannan kofi.

Inda ake yawan ruɗewa shi ne idan jimilla ta yi kunnen doki. A nan sai ka ƙirga ƙwallayen da kowace ƙungiya ta zura a gidan abokiyar karawarta, wadda ta fi yawa ita ce zakara. Ba wai ana ninka ƙwallon waje sau biyu ba ne kamar yadda wasu ke faɗa, ana waiwayarta ne kawai don raba gardama. Haka USM Alger ta Aljeriya ta ɗauki kofin Confederation, wato gasa ta biyu a daraja ta ƙungiyoyin Afirka, a 2023: ta ci Young Africans 2-1 a Darussalam, aka ci ta 1-0 a Aljiyas, jimilla 2-2, amma ƙwallayenta biyu na waje suka rinjayi guda ɗaya. Zamalek ma da wannan doka ta fi RS Berkane a 2024. Kada ka ɗauko dokar Turai ka ɗora a kan Afirka, domin UEFA, hukumar ƙwallon ƙafa ta Turai, ce ta soke dokar ƙwallon waje a 2021.

Idan ƙwallayen wajen ma sun zo daidai, sai bugun fenariti. Enyimba ta kare kambunta ta wannan hanya a 2004, bayan Etoile du Sahel ta ci ta 2-1 a Tunisiya, ita kuma ta rama 2-1 a Abuja, ta yi nasara da 5-3 a bugun fenariti. Saboda haka mai gidan kallo ya tanadi man janareta da zai wuce minti 90 da nisa.