Yadda ake shirya gajeren fim kan dattijon da ya tsufa yana shan wiwi

Binciken da Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa ta yi tare da Majalisar Ɗinkin Duniya a 2018 ya nuna cewa kimanin mutum miliyan 10.6 ne ke shan tabar wiwi a Najeriya, sai dai 'yan shekara 15 zuwa 64 kawai aka ƙirga. Dattijon ƙauye da ya haura saba'in, wanda ya soma tun yana samartaka, ba ya cikin lissafin, shi ya sa labarinsa ya cancanci a ɗauka.

Ka fara da kare mutuncinsa. Wiwi haramtacciya ce a dokar ƙasa, hukumar yaƙi da miyagun ƙwayoyi ta NDLEA da aka kafa a 1989 tana kama masu ita, kuma a ƙauyukan Gumel ko Bichi abin kunyar uba yakan bi 'ya'yansa mata har ranar neman aurensu. Saboda haka ka bayyana masa inda fim ɗin zai je, ka nemi yardarsa a gaban wani nasa da ya amince da shi. Ka sakaya sunansa da garinsu, ka ɗauki hannayensa ko bayansa maimakon fuska, ka kuma guji nuna gidansa, domin ko rumbu da bishiyar ƙofar gida sun isa maƙwabci ya gane shi. Kada ka ɗauke shi yana busawa, wannan hujja ce a kansa. Ka gaida dagaci ka sanar da shi aikinka, ba tare da ka faɗi wanda za ka tattauna da shi ba.

Wajen hira, kada ka ce, "Baba, me ya sa kake sha?" domin zai tsargu ya yi shiru. Ka tambaye shi ci-ranin da ya je da aikin ƙarfin da ya yi, maganar za ta fito da kanta. Daga nan ka gangaro ga lafiyarsa: tari mai naci, jiri, bugun zuciya, da rashin barci da saurin fushi idan ya yi ƙoƙarin dainawa. Ka nemi likita ya yi bayanin waɗannan, musamman haɗarin jiri ga tsohon da faɗuwa ɗaya za ta iya karya masa ƙugu.

Wajen ɗaukar fim ɗin, hasken bayan la'asar ya fi kyau, kuma da hunturu zaure ya fi filin waje dacewa saboda iska tana ɓata sauti.

Idan ka gama tacewa, ka nuna masa kafin kowa, ka cire duk abin da ya ce a cire, sannan idan a Kano za ka fitar, ka kai wa Hukumar Tace Fina-finai ta jihar.